Ranar Da Aka Janye "Kujeru Biyu"

Fumino na sunkuye tana kallon takalman mai kula da kantin, bayanta har ya soma ƙagewa, amma tunda Hatanaka bai ɗago ba ita ma ba ta ɗago ba. Tun a cikin tasi ya ja mata kunne: kada ta riga shi ɗagowa, sai ta ji ya yi gyaran murya. Takalman baƙaƙe ne, igiyar ɗaya ta kwance. A bayan mai su, 'yan mata biyu ma'aikatan kantin suna kwashe faya-fayanta daga kan kanta suna jerawa a kwali. A hankali suke yi, wai don kada ta ji ƙara.

"Mun jawo muku wahala mai yawa," in ji Hatanaka, manajanta, yana magana da ƙasa. "Ba mu da bakin da za mu ba ku haƙuri."

"A'a, ku ɗago mana," in ji mai kula da kantin. "Ai ku ma afka muku abin ya yi. Ba komai."

Sai a lokacin Hatanaka ya yi gyaran murya. Ya zaro akwatin alewar wake daga jakar takarda, ya miƙa da hannu biyu. Ba a fito da akwatin sai an ce maka ba komai, in ba haka ba a ce ka zo toshe baki ne. Alewar kuma dole ta zama irin mai nauyin nan da ake yankawa kamar sabulu, don wanda ya karɓa ya ji haƙurin a hannunsa. Da sassafe Hatanaka ya sayo tuli guda, yana ta saɓarsu daga tasi zuwa tasi.

Yau Talata. Gobe Laraba ne ya kamata sabon kundin waƙoƙin Kuramochi Fumino ya fita, mai suna "Kujeru Biyu", amma kamar kullum kantuna sun jera shi tun yau da safe don masu ɗoki. Dama yau ɗin aka tsara za ta zaga kantunan, ta gaishe da ma'aikata, ta sa hannu a jikin fosta. Ga shi ta zo ɗin, sai dai cikin baƙar kwat, fostar kuma an naɗe ta an jingine a bayan ƙofa. Jiya da yamma 'yan sanda suka tsayar da Tadokoro Shunpei, makaɗin jitar da ke cikin kowace waƙa a faifan, suka sami ƙullin tabar wiwi a aljihun jakar jitarsa. Da safe talabijin ta ɗauka. Kafin hantsi kamfani ya aika wa kowane kanti a janye.

A garin nan, idan mutum ya yi laifi ba shi kaɗai ake kamawa ba. A kama sunansa, a kama hotonsa, a kama duk abin da hannunsa ya taɓa, sai ka ce waƙar ce aka samu da tabar a aljihu. Ba wata doka da ta ce a yi haka. Kamfanoni ne kawai suke rige-rigen nuna kunya, kowa na tsoron a ce shi ne bai ji ba.

Suka fito cikin yayyafin unguwar Shibuya suka sake shiga tasi. Fumino ta buɗe ɗan filas ɗinta ta kurɓi ruwan ɗumi.

"Sai ina?" ta tambaya ƙasa-ƙasa. Kwanakin nan tattalin murya take yi.

"Ofis tukuna, Shugaba na jira. Daga nan kantin Ikebukuro, sai mu rufe da tsohon nan naki mai kanti a Koenji." Hatanaka ya ɓare maganin ciwon ciki ya jefa a baki. Ya doshi sittin, duk rigimar da ta taɓa samunta a cikinsa take sauka. "Kin iya sunkuyo fa, Fumi-chan. In waƙa ta ƙi sai mu buɗe makarantar ba da haƙuri."

Bai rufe baki ba ya gane abin da ya faɗa. Ya juya ya kama kallon taga.

"Bakina ne. Yi kamar ba ki ji ba."

Ta ji ɗin. Wani ɗan ƙulli ne ya tsiro mata a maƙogwaro, bai wuce ƙwayar shinkafa ba, kuma wata mai kamawa za a yi mata tiyata. Likita ya ce magana za ta dawo lafiya lau. Da ta tambaye shi waƙa fa, sai ya cire tabarau ya kama gogewa. Tana da shekara talatin da takwas, ta yi nata tashen ya wuce, yanzu sunanta sai a bakin matan da suka girma tare da ita. Wannan faifan ta yi shi ne da ragowar muryar da ta rage mata, tana sane ba za ta yi wani ba. Mutum uku suka san da haka ban da likita: Hatanaka, da Shugaba, da Shunpei.

"An ji wani abu game da shi?" ta ce.

"Ba a barin kowa ya gan shi sai lauya, ko matarsa ba ta gan shi ba. Dattijo da furfura, ga jika a hanya. Kuma ana jibi fitar faifai. Da ya daure mana ko mako ɗaya ne, a kama shi a tsanake."

"Hatanaka-san."

"Na yi shiru." Ya ɗan jima, sannan ya miƙo mata tafin hannu ba tare da ya dube ta ba. "Faifan cikin jakarki."

"Wannan nawa ne."

"Na kamfani ne har sai ya fita. An ce a tattaro duka, har na gidanki anjima."

Ta zuge jaka ta fito da faifan. Hoton bayansa kujeru biyu ne na katako suna fuskantar juna a wani ɗaki, makirufo ɗaya a tsakaninsu, ba kowa a kai. Hatanaka ya karɓa ya cusa a aljihun ciki da sauri kamar shi ne ɓarawon.

Shugaba Iwabuchi a tsaye suka same ta. Ƙaramar dattijuwa ce mai rinannen gashi, in akwai rigima ba ta zama, kuma ba ta barin kowa ya tsaya. Ita ta ɗauki Fumino aiki tun tana yarinya, ita ta zaɓa mata askin da aka santa da shi. A gefe injiniyan sauti na zaune gaban kwamfuta, idanunsa jawur.

"Zauna, Kuramochi," in ji Shugaba. Idan ta kira ta da sunan gidansu, to ba lafiya. "Na gaya miki ko ban gaya miki ba?"

"Kin gaya mini, Shugaba."

"Me na ce?"

"Kin ce kowa ya shiga ɗakinsa."

"Na ce kowa ya shiga ɗakinsa. Murya daban, jita daban, kamar yadda duk mai hankali yake yi. Mutum ya yi kuskure a gyara nasa. Mutum ya mutu, ko ya haukace, ko a kama shi, a zare shi a sa wani. Kika ce ke a'a, sai dai ku zauna gwiwa da gwiwa kamar masu shan shayi."

Gaskiya ne. Ita ta kafe. Da muryar da take da ita yanzu ba za ta iya bin kiɗan da aka riga aka naɗa ba, kiɗa ba ya jira. Shunpei kuwa yana jira. In ya ga kafaɗarta ta ɗaga ya san numfashi ya ƙare, sai ya ja kiɗan ya ba ta wuri. In ya ji za ta kasa hawa, kafin ta kai wurin ya riga ya sauko mata. Ba ta taɓa roƙonsa ba, shi ma bai taɓa nuna ya yi ba. Shi ya sa muryarta da jitarsa suka shiga makirufo ɗaya suka cakuɗe.

"Shugaba, game da shi, ni dai..."

"Ban tambaye ki ko kin sani ba, kuma kada ki gaya mini."

Ta haɗiye maganar. Ta sani mana. Yatsun hagunsa sun daɗe suna kumbura, ciwon kan hana shi barci, kuma sau da yawa ta ji wani wari a jikin kwat ɗinsa da ba na sigari ba. Ba ta ce komai ba, saboda a ranakun da warin ya fi yawa yatsun sun fi tafiya.

"Sa mata ta ji," in ji Shugaba.

Injiniyan ya miƙo mata abin sauraro ta saƙala a kunne. Ya ce yanzu akwai na'urar da ke iya tsince jita daga cikin murya, ya kwana yana gwadawa, ya ɗauki waƙar ƙarshe. Ya danna.

Muryarta ta fito ita kaɗai. Tsirara, haka Fumino ta ji ta. Inda jitar take a da yanzu wani ɗan sauti ne ya rage kamar ruwa na bin bututu a bangon maƙwabci, sai ka kasa kunne sosai za ka ji. Ta ji kanta tana tsayawa a wuraren da ba dalilin tsayawa, tana jiran wanda ba ya nan. Amma muryar tata ce, kuma ta yi kyau. Abin da ya fi ɓata mata rai ke nan, ta so a ce ta lalace. A ƙarshen waƙar, a faifan gaske, akwai inda Shunpei ya yi dariya ya ce, "Shi ke nan, Fumi-chan, mun samu," suka bar shi a ciki da gangan. Nan kuwa waƙar na ƙarewa sai shiru.

"In aka ɗora sabuwar jita a kai ba wanda zai gane," in ji injiniyan, yana kallon allon kwamfutarsa.

Shugaba ta jero sauran. Za a kawo wani makaɗin ya bi muryar. A cire sunan Tadokoro daga takardar cikin faifai. A fitar da faifan cikin Fabrairu, bayan ƙura ta lafa. Gobe kuma Fumino ta tsaya gaban 'yan jarida ta sunkuya, ta ce makaɗin haya ne da suka yi aiki na ɗan lokaci, ba ta san halinsa ba, kuma abin ya girgiza ta.

"Sa'ar da muka ci ba kowa a kan kujerun nan," in ji Shugaba. "Ko hoton ba sai an canza ba."

"Shekara goma sha takwas yana kaɗa mini."

"Su 'yan jarida ba ƙirga suka zo yi ba."

"In na ƙi fa?"

"A niƙe waɗannan, a rufe maganar. Ba ni kaɗai ce da kamfanin nan ba, akwai masu tallar da suka buga waya tun kafin in sha shayi. Ko kuma ki jira bayan tiyata ki sake rerawa da wani, in za ki iya."

Hatanaka ya kama shafa cikinsa.

"Kin gani," in ji Shugaba, muryarta ta sauko. Ta zo ta gyara wa Fumino kwalar kwat kamar yadda take yi mata da can kafin ta hau dandali. "Ni ma ina son mutumin nan, Fumino. Amma shi ya sa abin a jakarsa, ba ke ba. Zan kira ki ƙarfe shida. Ki ci wani abu, kin yi fari fat."

A Ikebukuro abin bai ɗauki lokaci ba. Suka sunkuya, aka ce ba komai, akwati ya fita daga jaka. Wata mata da goyo a ƙirji ta tsaya a bakin kanta tana tambayar ma'aikaci ina faifan Kuramochi, ta ce tun bazara ta yi oda, ta ɗauki hutun rabin yini don ta zo ta karɓa. Ma'aikacin ya yi ta ba ta haƙuri. Fumino na tsaye bai fi taku kaɗan ba, da takunkumi a fuska, matar ba ta gane ta ba. Ta bi bayan matar da kallo har ta shige cikin mutane.

Kantin Tsuruoka na ƙarƙashin gadar jirgin ƙasa a Koenji, ɗan lungu ne cike da tsofaffin faya-fayai, duk sanda jirgi ya wuce sai kantoci su yi rawa. A bakin ƙofarsa Fumino ta fara waƙa a bainar jama'a tana da shekara ashirin, tsaye a kan akwatin kwalaben giya. Ranar ce wani dogon mutum ya fito daga ciki da faifai a hammata, ya tsaya ya saurare ta har ta gama, ya ce, "Gudun me kike yi? Waƙar ba jirgi ba ce da za ta tafi ta bar ki." Ta ji haushinsa ƙwarai. Mako na zagayowa ya dawo da jita.

"Wa ya mutu?" in ji tsoho Tsuruoka da ya gan su cikin baƙaƙen kaya.

Hatanaka ya ajiye lema ya fara sunkuyawa. "Mun jawo maka..."

"Kai, tashi, kada ka karye mini a kanti. Ba komai, ba komai, na faɗa, kawo alewar. Ciwon suga gare ni amma kawo." Ya karɓi akwatin ya auna shi a hannu, ya dubi Fumino ta saman tabarau. "Ke kuma kin rame. Ga kwalinku can na ɗaure. Sai dai guda ɗaya ya yi ƙafa, na sayar kafin wayarku ta shigo."

"Wa ya saya?" in ji Hatanaka.

"Tana ciki. Tun safe take zaune, na ce ta je gida ta ƙi. Ta ce ta san nan za ku ƙare."

A can ƙuryar kantin, kan wata 'yar kujera, Sumie ce matar Shunpei. Ta sa kwat mai ruwan toka da ta yi mata yawa, da gani aro ce, ga jakar takarda a gefen ƙafarta. Fumino ta gane jakar nan take, kanti ɗaya ne da wanda Hatanaka ya je da safe. Sumie a kicin ɗin wata makarantar firamare take aiki. Duk tsawon lokacin da ake naɗar faifan, ita ke dafa citta da zuma ta zuba a filas ta ba mijinta ya kai wa Fumino. Filas ɗin ma da ke cikin jakarta yanzu na Sumie ne.

Tana ganinsu ta miƙe, ta durƙusa a ɗan tsukin da ke tsakanin kantoci, ta kafa tafuka a ƙasa, ta kai goshi har siminti.

"Kuramochi-san, maigidana ya cuce ki. Ba mu da abin cewa."

Ba ta taɓa kiranta Kuramochi-san ba, kiran girmamawa irin wanda ake yi wa baƙo. Fumi-chan take ce mata, kiran 'yar gida, har ta kan dungure mata kai in ta bar shinkafa a kwano. Fumino ta zube a gabanta ta kama kafaɗunta.

"Sumie-san, tashi. Ƙasan nan da datti."

"Na share shi bara," in ji Tsuruoka daga bakin ƙofa, amma ba wanda ya yi dariya.

Da ƙyar Sumie ta ɗago. Idanunta a bushe suke, sun kumbura. Ta ce 'yan jarida sun cika ƙofar gidansu, ta bayan gidan maƙwabta ta fito. Ta ce makaranta sun ce ta huta tukuna, ta kuma san abin da hutun yake nufi. 'Yarsu mai ciki ta kashe waya. Duk wannan ta faɗe shi a daidaice kamar mai karanta labarin wasu.

"Na sha gaya masa ya je asibiti," ta ce. "Ya ce maganin asibiti na sa yatsunsa su yi nauyi, bari a gama faifan Fumi-chan tukuna. An gama kuma bai bari ba." Ta dubi hannayenta. "A talabijin sun ce wani lokaci akan cire mutum a sa wani. Haka ne?"

Wayar Fumino ta kama ruri a cikin jaka. Shida ba ta cika ba, amma Shugaba ba ta taɓa jiran agogo ba. Fumino ta ce a gafarce ta, ta fita.

Ta tsaya a ƙarƙashin gadar inda ruwa ba ya kaiwa. Masu dawowa daga aiki suna ta wucewa da lemominsu, mai gasa kaza a tsinke ya fara hura gawayi. Wayar na ta kuka a hannunta. Haushin Shunpei take ji, haushi mai zafi, irin wanda ba ta bari ta ji ba tun safe: ya san abin da faifan nan yake a wurinta, ya fi kowa sani. Tana kuma jin kunyar haushin, tunda ta ji warin ta yi shiru don yatsun su ci gaba da tafiya. Ta yi ƙoƙari ta ga kanta tana cewa a niƙe, ta ga kanta bayan shekara goma tana magana da sabuwar murya, ba abin da ya rage na tsohuwar sai waƙoƙin yarinta. Ta tuna matar nan mai goyo. A ƙarƙashin duk wannan akwai abu ɗaya da ya ƙi motsi, ta dube shi ta gane shi: tana so a ji ta. Ko da shi ko ba shi, tana so a ji ta.

Ta ɗauka.

"To?" in ji Shugaba.

Jirgi ya taho ta samansu, gadar ta ɗauki rugugi. Fumino ta jira har ya wuce, don ba ta da muryar da za ta yi gasa da shi.

"A cire," ta ce.

"Da maganar gobe?"

"Da ita."

"Yarinyar kirki. Ki sa kwat ɗin nan dai, kada ki yi kwalliya."

Da ta koma ciki ta tarar Sumie ta miƙe, ta ɗora faifan a kan teburin Tsuruoka. Ta riga ta ɓare ledar, ta zaro 'yar takardar ciki ta buɗe a shafin sunaye. Ga shi nan a layi na biyu, ƙarƙashin na Fumino: Tadokoro Shunpei, jita.

"Na san ya kamata in mayar," Sumie ke ce wa Hatanaka. "Ina jin labari na ce za su kwashe, shi ne na rugo kafin a buɗe kanti. Nasa na gida 'yan sanda sun tafi da shi cikin kaya. So nake in ya fito ya ga sunansa."

Hatanaka ya dubi faifan, ya dubi rufi. "Ni idona ba ya gani sosai da yamma," ya ce. "Tsuruoka-san, ina bayinka yake?"

"Inda ka bar shi."

Sumie ta juyo wurin Fumino, a karo na farko fuskarta ta ɗan saki. Ta ɗauko alƙalamin rubuta farashi daga gwangwanin Tsuruoka ta miƙa mata.

"Ki sa masa hannu, in ba damuwa. Kin san duk shekarun nan bai taɓa samun sa hannunki ba? Wai kunya yake ji ya tambaya. Babban mutum da shi." Ta ɗan yi murmushi. "Na ga fuskarki ta taga kina waya. Na ce a raina, Shugaba ta taro wadda ta fi ƙarfinta. Kullum yana faɗa a gida, Fumi-chan in ta kafe ko jirgi ba ya ture ta. Zan gaya wa lauya ya gaya masa kin tsaya masa, zai samu ya yi barci."

Fumino ta cire murfin alƙalamin. Hannunta na saman takardar, daidai ƙasan sunansa inda akwai ɗan fili. Da ta sa hannun ta yi shiru, da shi ke nan, sai gobe Sumie ta gani a talabijin ita kaɗai a gida.

"Na ce su cire shi, Sumie-san," ta ce. "Gobe kuma zan ce ban san shi sosai ba."

Tsuruoka ya daina abin da yake yi. Wani jirgin ya wuce, kantoci suka yi rawarsu suka tsaya. Sumie ta tsaya tana kallonta, ba fushi a fuskarta, kamar dai tana neman inda ta taɓa ganinta. Sannan ta haɗa ƙafafu ta sunkuya, sunkuyo mai kyau, wanda ya fi duk na Hatanaka na yau.

"Daidai ne," ta ce. "Mu muka jawo, Kuramochi-san."

"Sumie-san, ni..."

"In kin yafe mana, ki ce ba komai. Ƙafafuna sun gaji."

Fumino ta buɗe baki. Sai da ta haɗiyi yawu sannan abin ya fito, a shaƙe.

"Ba komai."

Sumie ta ɗago. Ta zaro akwatin alewar daga jakar takarda ta miƙo da hannu biyu, dole Fumino ta tara nata hannuwan ta karɓa, alƙalamin maƙale a tsakanin yatsunta. Yini guda tana kallon akwatunan nan suna wucewa, ba ta ɗauki ko ɗaya ba sai yanzu. Kafin ta sami inda za ta ajiye shi, Sumie ta miƙa hannu kan tebur ta ninke 'yar takardar a hankali, ta mayar cikin faifan, ta rufe, ta sa a jakarta. Ta yi wa Tsuruoka godiyar kujera, ta ɗauki lemarta ta fita.

Hatanaka ya dawo yana goge hannu da hankici. Ya dubi teburin, ya dubi ƙofa, ya dubi Fumino da akwati a ƙirji.

"Kin sa mata hannun?" ya ce.

Tsuruoka ya zagayo ya zare alƙalamin daga yatsunta, ya nemo murfin ya rufe.

"Bushewa yake yi in an bar shi a buɗe," in ji shi.